Daga bakin makiyayi zuwa takardar malamin dabbobi: inda labarin ciwo ke ɓacewa

A shekarata ta farko a bakin aiki, lokacin ɗari, wani saurayi ya same ni ranar kasuwa a arewacin Dakoro. Ya ce babansa ya aiko shi, awakinsu suna ciwon huhu. Na tambaye shi ko suna tari, ya ce suna yi, ga majina kuma. Nan take hankalina ya koma ga darasin makaranta. Na rubuta pasteurellose cikin littafina, na ba shi kwalbar oksitetrasiklin, wanda makiyaya da yawa ke kira teramisin, na gwada masa yawan da zai ja a sirinji, ya tafi.

Bayan mako guda na isa mashekarinsu. Ƴan awaki da yawa sun mutu, kuma garken maƙwabta da ke shan ruwa a rijiya ɗaya da su ya kamu. Uwar yaron, wadda ita ke tatsa da kula da ƙananan, ba ta jin Hausa sosai. Ɗiyarta ce ta yi mana tafinta daga Fulatanci. Na ce, "Inna, me kika fara gani?" Ta ce tun kwanakin farko ta ga gyambo cikin bakinsu, idanunsu sun manne da kwantsa, daga baya zawo mai wari ya biyo. Ta gaya wa mijinta, shi ya gaya wa ɗansa, ɗan ya juya zancen zuwa Hausa cikin kalma biyu, ni kuma na juya kalma biyun zuwa Faransanci cikin kalma ɗaya. Ciwon PPR ne, annobar awaki da tumaki. Teramisin ba ya kashe ƙwayar da ke kawo shi. Abin da ya kamata tun ranar farko shi ne a ware marasa lafiya, a raba wurin shan ruwa, a sanar da ma'aikatar kiwo. Matar ta ga komai daidai. Hanyar da labarin ya bi kafin ya iso gare ni, da gaggawata, su suka ci awakin.

Da Faransanci muka koya, da harshen gida muke aiki

Kusan duk wani malamin dabbobi da kuka sani a ƙasar nan da Faransanci ya yi karatu. Manyan likitocin dabbobi da yawa a Dakar suka yi nasu, a makarantar da ƙasashen Afirka masu amfani da Faransanci suka yi tarayya a kanta. Mu ƙanana a nan gida muka yi, amma littafi, jarrabawa da takardar rahoto duk harshen guda ne. Haka yake ga malaman asibiti da ungozomomi da ke duba iyalanmu. Mun haddace sunan kowane ciwo da alamominsa, amma ba a taɓa zaunar da mu aka ce: ga yadda Bahaushe ke kiran wannan, ga yadda Bafulatani ko Buzu ke bayyana shi ba. Ranar da ka fita daji, ranar za ka fara wannan karatun, kuma bisashen mutane ne allonka.

A shekarar 2025 dokar ƙasa ta ɗaga Hausa ta zama harshen ƙasa, Faransanci da Ingilishi suka zama harsunan aiki. Amma takardar da ke jikin kwalbar magani da fam ɗin rahoton ciwo ba su sauya ba tukuna. Kuma ko sun sauya, a Abalak ko Cintabaradan akwai gidaje da yawa da Tamajak ko Fulatanci kaɗai ake yi. Saboda haka tafinta na nan tare da mu, sai dai mu koyi yin sa da kyau.

Suna ɗaya, ciwo da yawa

Sunayen da makiyaya ke ba ciwo ba shirme ba ne. Yawanci suna faɗin inda ciwon ya kama ko abin da ido ya gani. Matsalar ita ce ciwo daban-daban na iya kama wuri ɗaya. "Ciwon huhu" a saniya yana iya zama PPCB, mai yaɗuwa ta numfashi, wanda ake yi wa rigakafi kowace shekara. A akuya yana iya zama PPR ko wani daban. "Hanta" kuwa wasu na faɗinta ga duk dabbar da ta rame, haɓarta ta kumbura. Tsutsar hanta ta gaskiya tana bukatar ruwa mai daɗewa da dodon koɗi kafin ta yaɗu, shi ya sa ta fi yawa a bakin kogi da manyan tabkuna. A kan tudu, inda rijiya kaɗai ake sha, wannan kumburin ya fi zuwa daga tsutsar ciki mai shan jini ko daga yunwa.

Akwai kuma inda Hausa ta fi Faransanci rarrabewa. A wurarenmu ana cewa "saifa" ga ciwon da ke kashe dabba farat ɗaya, jini baƙi ya fito ta hanci ko ta dubura ya ƙi daskarewa. Ana cewa "harbin daji" ga wanda ke kumbura cinya ko kafaɗar ɗan maraƙi mai ƙiba, in ka danna wurin ka ji yana ƙara kamar busasshiyar takarda. Faransanci duka biyun charbon yake ce musu, wato gawayi, sai an ƙara kalma ta biyu ake bambanta su. In ma'aikaci ya yi sauri ya rubuta charbon kawai, wanda ke karanta rahoton a birni bai san wanne ake nufi ba. Bambancin kuwa babba ne: allurar rigakafinsu ba ɗaya ba ce, kuma saifa na kama mutum. Dabbar da ake zaton saifa ta kashe ba a feɗe ta, ba a cin namanta, ba a ɗaukar fatarta.

Darasin da na ɗauka shi ne, suna mafarin tambaya ne. In aka ce mini "boru" ko "kirci" ko "sammore", sai in ce: me ka gani, tun yaushe, manya ya kama ko ƙanana, ina suka sha ruwa, wace kasuwa aka je?

Wa ake tambaya lokacin bincike?

Sau da yawa masu bincike kan zo da takardun tambayoyi da aka rubuta da Faransanci, a ɗauke mu tafinta. Tambayar farko takan zama: dabbobinka nawa? Kowa ya san makiyayi ba ya ƙidaya garkensa a gaban baƙo. Wani kunya ce, wani gudun baki, wani tsoron haraji. Sai ya faɗi abin da ya zo bakinsa, a rubuta, a kai birni a yi lissafi a kansa. Sannan maigida ake tambaya, da Hausa, alhali matar da ta san akuya nawa suka yi ɓari da yaushe nono ya ragu tana cikin bukka, ba wanda ya nemi jin ta bakinta.

Akwai hanyar da ta fi wannan. Ana zaunar da makiyaya, maza daban mata daban, su lissafa cututtukan da ke damunsu da sunayen da suka sani, su bayyana alamomin kowanne. Sai a zuba tsakuwa ɗari a ƙasa a ce: wannan garken ne, ku raba, nawa suka kamu da wane ciwo bara, nawa suka mutu. Ba wanda ya faɗi adadin dukiyarsa, amma an san ciwon da ya fi ɓarna da lokacin da yake zuwa.

Wannan hanya ta taɓa yin babban aiki. Tsofaffinmu na tuna bushiya, wadda Fulani ke kira pettu, ciwon da ke share garken shanu. A shekarun ƙarshe na yaƙi da ita, a gabashin Afirka, likitoci sun riƙa zama da makiyaya suna tambayarsu da harshensu inda suka ga ciwon, ta haka aka gano wuraren da ya ɓuya. A shekarar 2011 aka sanar cewa bushiya ta ƙare a duniya. Yanzu PPR ake son gamawa da ita nan da 2030, kuma hakan ba zai yiwu ba in labarin da ke fitowa daga mashekari yana lalacewa a hanya.

Mun ga irin wannan a gida ma. A shekarar 2016 zazzaɓin Rift ya ɓulla a jihar Tawa, wajen Cintabaradan, ya kashe mutane. Ciwo ne da sauro ke yaɗawa tsakanin bisashe, mutum kuma ya fi ɗaukarsa ta jinin dabba, ta taɓa ɗan da aka ɓarar ko mahaifa. Babbar alamarsa a garke ita ce ɓari da yawa lokaci ɗaya da mutuwar ƙanana, kuma makiyayi ne ke fara ganin wannan kafin kowane likita. Amma wanda ya je asibiti yakan ce "masassara" kawai, malamin asibiti kuma ya ji masassarar sauro. Haka yake da ciwon bakkale, mai sa saniya ɓari da kumburin gwiwa, wanda ke shiga mutum ta ɗanyen nono ya bar shi da masassara mai tafiya tana dawowa. In kun je asibiti da masassara alhali bisashenku na ɓari, ku faɗa ko ba a tambaye ku ba.

Abin da ke rubuce a jikin kwalba

Labari na ɓacewa in yana tafiya birni, yana kuma ɓacewa in yana dawowa. Magungunan da ke kasuwanninmu da Faransanci ko Ingilishi aka rubuta bayaninsu. Abu uku ne na fi ganin suna kawo asara.

Na farko, ƙarfin magani. Teramisin akwai mai kashi 5, mai kashi 10, da mai kashi 20 cikin ɗari, launinsu kusan ɗaya. Mai kashi 20, mai daɗewa a jiki, mililita 1 ake yi wa kowane kilo 10 na nauyin dabba. In ka ja wannan yawan daga kwalba mai kashi 5, rubu'in magani ka ba ta. Dabba ba ta warke ba, ƙwayar ciwo kuma ta saba da maganin. Ibamektin mai kashi 1 kuwa mililita 1 ne ga kilo 50, ƙarƙashin fata.

Na biyu, abin da ake rubutawa délai d'attente ko temps d'attente. Ba mu da kalma ɗaya da ta tsaya a madadinsa, shi ya sa masu sayarwa da yawa ke tsallake shi. Ma'anarsa kwanakin da magani ke ɗauka kafin ya fita daga nama da nono. Cikin kwanakin nan ba a yanka, ba a shan nonon, ba a kai shi kasuwa. Ni "kwanakin haƙuri" nake ce musu, kuma mata sun fi saurin riƙe shi. Yawansu ya danganta da maganin, yana rubuce a jikin kwalba. Akwai kuma gargaɗin da ba a karantawa: albandazol ba a ba dabbar da ke farkon ciki.

Na uku, kalmar "allura". Da ita muke kiran rigakafi, da ita muke kiran magani. Rigakafi lafiyayyar dabba ake yi wa, kuma sai bayan kwanaki jiki ke samun kariya. Na sha ganin wanda ya ɓoye lafiyayyun lokacin kamfen, ya kawo marasa lafiya, da suka mutu ya ce allurar gwamnati ce ta kashe su. Rigakafin PPCB kuma yakan sa wasu shanu kumburi a wurin allurar bayan mako biyu ko uku. In an gaya wa mai shanu tun farko, da harshen da yake ji, zai kira mu a yi maganin kumburin. In ba a gaya masa ba, baɗi ba za a ga garkensa ba.

Abin da ƙungiya za ta iya yi

Ba sai mun jira an sauya littattafan makaranta ba. Ga abin da muka gwada da wasu ƙungiyoyi, ya kuma yi amfani:

Ku zauna da malamin dabbobi ko mataimakin kiwo na yankinku ku rubuta sunayen cututtuka da Hausa, Fulatanci da Tamajak, kowanne da alamominsa da lokacinsa, shi kuma ya sa sunan da ake rubutawa a rahoto. Inda suna ɗaya ya haɗa ciwo biyu, ku nuna. A ajiye littafin wurin sakataren ƙungiya.

In za ku kira mu, wanda ya ga dabbar da idonsa shi zai yi magana, ko mace ce ko yaro. Saƙon murya ta WhatsApp da harshenku, tare da hoton baki, ido da bayan dabbar, ya fi ɗan aike.

Kada ku karɓi magani sai an gaya muku abu huɗu: ƙarfinsa, yawan da za a ja, inda za a soka, da kwanakin haƙuri. Ku maimaita wa mai sayarwa abin da kuka ji, ya tabbatar. A ɗaura zare ko a yi alama a jikin sirinji daidai inda za a tsaya.

In masu bincike suka zo, ku nemi a yi zaman da harshenku, a ji ta bakin mata, kuma a dawo a gaya muku abin da aka gano. Jinin da aka ɗiba daga bisashenku aka kai LABOCEL a Yamai, kuna da haƙƙin jin sakamakonsa.

Mu ma'aikata namu ya fi nauyi. Tun daga waccan shekara ban sake ba da magani a kan suna kaɗai ba. Ina da ƙaramin littafi da nake rubuta kalmomin da na ji a bakin rijiya, kuma duk ɗalibin da aka turo mini koyon aiki, shi nake fara miƙa masa kafin sirinji. In a yankinku akwai sunan ciwo da malaminku bai sani ba, ku koya masa, ku kai shi ya ga dabbar. Allah ya ba mu damina mai albarka, ya tsare mana garke.