Sarki Charles na Biyu: 'Ya'ya Barjat, Babu Magaji

Sarkin Ingila Charles na Biyu ya amsa da bakinsa cewa ya haifi 'ya'ya aƙalla goma sha biyu, amma da ya rasu ranar 6 ga Fabrairu 1685 babu ko ɗaya daga cikinsu da ya hau gadonsa. Ƙanensa James ne ya gaje shi. Wannan zai ɗaure wa mai karatu na ƙasar Hausa kai, domin a masarautunmu ɗan ƙwarƙwara ɗa ne kamar kowa, yana cin gado, kuma sarakuna da dama daga wannan ɗaki suka fito. A Ingila kuwa coci mace ɗaya ta yarda a aura, kuma duk ɗan da aka haifa a waje ba shi da rabo a sarauta. Matan da suka haifa wa Charles 'ya'ya farkokinsa ne, wasu ma da igiyar auren wasu maza a kansu. Turawa sukan ba da wannan labari cikin raha, suna yi masa laƙabin sarki mai fara'a. Abin da ya fi damuna shi ne mutanen da suka biya kuɗin wannan fara'a.

Tun yana gudun hijira ya soma. Yaƙin basasa ya kore shi daga ƙasarsa, aka fille wa mahaifinsa kai a watan Janairu 1649. A Holan ya haɗu da wata budurwa daga yankin Wales, Lucy Walter, ta haifa masa ɗa a Rotterdam a watan Afrilu na wannan shekara. Daga baya aka raba ta da yaron, ta mutu a Faris a 1658 cikin talauci. Yaron shi ne ya zama Duke na Monmouth, kuma za mu sake haɗuwa da shi.

Lokacin da Charles ya koma Landan a 1660 ya karɓi mulki, zuciyarsa tana hannun Barbara Villiers, matar wani mai suna Roger Palmer. Aka ba mijin sarautar Castlemaine a 1661, kowa kuma ya san dalilin kyautar. Shekara guda bayan haka sarki ya auri gimbiyar Fotugal, Catherine ta gidan Braganza. Aure ne na siyasa, ta zo da dukiya mai yawa da garuruwa biyu a matsayin gara: Tanja a gaɓar Maroko da Bombay a Indiya, wadda yau ake kira Mumbai. Yarinya ce da ta tashi cikin tsari da ibada, ba ta jin Turanci, ba ta san kowa ba. Tana cikin makonnin amarci a fadar Hampton Court Barbara ta haifa wa angon ɗa namiji.

Abin da ya biyo baya shi ne mafi muni a tarihin zaman Charles da matarsa. Ya sa sunan Barbara cikin jerin matan da za su riƙa hidima a ɗakin sarauniya. Catherine ta soke sunan. Sai ya kawo mata Barbara gaban jama'a ya gabatar da ita. Amarya ba ta kama sunan da kyau ba, ta karɓe ta da fara'a, da ta gane ko wace ce sai hawaye suka zubo, jini ya ɓarke mata ta hanci, ta suma. Maimakon tausayi, sarki ya ɗauki abin a matsayin raini. Ya sallami mafi yawan 'yan rakiyarta suka koma Fotugal, ya tilasta wa babban wazirinsa Clarendon, wanda shi kansa bai goyi bayan abin ba, ya je ya shawo kanta. Ta haƙura, domin ba ta da wani zaɓi. Barbara ba ta yafe wa Clarendon ba, tana cikin waɗanda suka yi murna da faɗuwarsa a 1667.

Sarki ya amince da biyar daga cikin 'ya'yan Barbara. Ya naɗa ta Duchess ta Cleveland a 1670, ya ba ta fadar Nonsuch da Henry na Takwas ya gina, ita kuma daga baya ta sa aka rushe fadar ta sayar da kayan ginin don biyan bashin caca. Wannan duk a ƙasar da annoba ta cinye a 1665, gobara ta lashe babban birninta a 1666, kuma a watan Yuni 1667 sojojin ruwan Holan suka kutsa kogin Medway suka ƙona jiragen yaƙi, suka ja babban jirgin sarki suka tafi da shi, domin babu kuɗin fitar da rundunar, matuƙan jiragen kuma ana biyansu da takardun alkawari. Samuel Pepys, jami'i a ofishin sojan ruwa, ya rubuta a littafin ajiyarsa abin da aka faɗa masa, wai a wannan dare sarki yana wajen liyafa tare da Barbara suna bin wani malam-buɗe-littafi a cikin ɗaki. Ba za a ce farkoki kaɗai suka talauta baitulmali ba, yaƙi ya fi su ci. Amma talakan da ba a biya shi haƙƙinsa ba yana ganin inda kuɗi ke tafiya.

Cikin farkokin sarki, Nell Gwyn ce jama'a suka so. Mai tallan lemo ce a gidan wasan kwaikwayo na Drury Lane kafin ta zama 'yar wasa, ba ta tsoma baki a siyasa sosai ba, ɗanta ya zama Duke na St Albans. An ce a 1681 wasu fusatattun mutane a Oxford sun tare keken dokinta suna zaton wata farkar sarki Bafaranshiya ce, ta leƙo ta shaida musu ita farkar sarki ce ta ɓangaren Furotesta, suka bar ta ta wuce.

Bafaranshiyar da suke nema ita ce Louise de Kérouaille. Ta fara zuwa Ingila a 1670 cikin tawagar ƙanwar sarki, Henrietta, a tafiyar da aka ƙulla yarjejeniyar sirri ta Dover. A cikinta Charles ya yi wa Sarkin Faransa Louis na Sha Huɗu alkawarin taya shi yaƙar Holan da bayyana kansa ɗan Katolika idan lokaci ya yi, shi kuma a riƙa ba shi kuɗi. Louise ta zama Duchess ta Portsmouth a 1673, ɗakinta ya zama mashigar jakadan Faransa zuwa kunnen sarki. Masu tarihi na da sun sha ɗora laifin duka a kan waɗannan mata. To, idan ɓera da sata daddawa ma da wari, amma hatimin mulki a hannun Charles yake, shi ya sa hannu a kan kowace kyauta da kowace yarjejeniya.

Ita kuwa Catherine ta yi ɓari sau da dama, ba ta taɓa haihuwa ba. Magaji ya zama James, ɗan Katolika a ƙasar da ke tsoron Katolika. Manyan 'yan majalisa suka matsa wa sarki ya sake ta ya auri wata, ko ya ce ya taɓa ɗaura aure da Lucy Walter don Monmouth ya halatta. A 1678 wani maƙaryaci, Titus Oates, har ya zarge ta da shirin ba mijinta guba. A nan Charles ya yi abin yabo, kuma adalci ne a faɗe shi. Ya ƙi sakinta, ya tsaya mata, ya bayyana a fili cewa bai taɓa auren kowa ba sai ita. A 1681 ya rushe majalisar da ke neman hana James gado, bai sake kiran wata ba har ya mutu.

Monmouth bai daddara ba. Watanni kaɗan bayan rasuwar mahaifinsa ya sauka a yammacin Ingila ya yi iƙirarin sarauta, manoma da masaƙa suka bi shi. Aka murƙushe su a Sedgemoor ranar 6 ga Yuli 1685, aka fille masa kai ranar 15 ga wata yana da shekara 36. An kashe da yawa daga mabiyansa, aka tura ɗaruruwa aikin bauta a tsibiran Karibiyan. James ɗin ma bai wuce 1688 a kan gado ba. Sauran 'ya'yan sun fi sa'a: gidajen Richmond da Grafton da St Albans suna nan har yau, kuma ta wajen mahaifiyarsa Diana, Yarima William jinin Charles na Biyu ne.

An ruwaito cewa da ajali ya matso, Catherine ta aika tana neman gafararsa, ya amsa cewa shi ne ya kamata ya nemi tata. Gaskiya ya faɗa. Ta bar Ingila a 1692 ta koma gida, kuma matar da aka raina a Landan ita aka danƙa wa riƙon mulkin Fotugal lokacin da ɗan'uwanta Sarki Pedro na Biyu ba shi da lafiya, ana tsakiyar yaƙi da Sifen. Ta rasu a Lisbon a ƙarshen shekarar 1705.