Faifai ya karce, kasuwa ta tashi: Yadda masu shagon gem a arewacin Zamfara ke adana wasanninsu

A garuruwa irin su Ƙauran Namoda da Shinkafi da Zurmi, buɗe shagon gem ba ya buƙatar wani babban jari. Talabijin biyu ko uku, na'urar PlayStation ta hannu, hannuwan bugawa, benci, sai ƙaramin janareta ko sola. Da la'asar ta yi yara da samari za su fara shigowa, kowa da 'yan canjinsa, ana ta "Maigida, sa muna ƙwallo." Da wannan ɗan cinikin wasu matasa ke yin cefane, wasu kuma ke haɗa kuɗin makaranta.

Sai dai duk jarin nan yana rataye ne a kan abubuwa biyu masu saurin lalacewa: faifan wasan, da kuma idon na'urar da ke karanta shi. Ranar da faifan ƙwallo ya karce ko idon ya mutu, ranar kasuwa ta tashi. Wannan ne ya sa masu sana'ar suka koma kwafe abin da ke cikin faifai zuwa filash ko had-dis, su riƙa kunna wasan daga can, su ɓoye faifan.

Me ya sa faifai ba ya ƙarko a nan?

Faifan DVD roba ce, kuma bayanan wasan suna kwance ne a wani siririn shafe da ke tsakiyarta. Idon na'ura yana haska haske ta cikin robar ya karanta su. Duk abin da ya shiga tsakani, ko ƙura ko maiƙon hannu ko karce, yana hana shi gani.

A gidan da mutum ɗaya ke wasa, faifai zai iya shekaru bai yi komai ba. A shago kuwa, ana cire shi ana mayarwa sau da yawa a wuni guda, hannu daban-daban na taɓa shi. Ga ƙurar hunturu da ke shiga ko'ina, ga zafin bazara a ƙarƙashin rufin kwano, ga wutar janareta da ke hawa da sauka. Shi ma idon yana tsufa: da farko zai fara jinkiri, daga baya ya riƙa zaɓen faifai, a ƙarshe ya ƙi karanta kowanne.

Matsalar ta fi tsanani ga PS2, wadda sauƙin kuɗi da sauƙin gyara suka sa har yanzu ba a rabu da ita ba. Kamfanin Sony ya fito da ita a shekarar 2000, ya sayar da sama da miliyan 155, sannan ya daina ƙera ta a farkon 2013. Wasannin ƙwallo na ƙarshe da aka fitar mata su ne FIFA 14 da PES 2014. Wato ba a buga sababbin faifanta na asali, ba a kuma ƙera sabuwar na'ura. Abin da ke hannun jama'a shi ke nan, kullum raguwa yake yi.

Idan faifai ya lalace, neman wani na nufin aike ko tafiya Gusau ko Kano. Hanyar Ƙaura zuwa Shinkafi da ta Ƙaura zuwa Zurmi kuwa sun daɗe suna fama da 'yan bindiga masu tare matafiya. Babu mai hankalin da zai sa ransa a kan hanya saboda faifan gem.

Darasin watan Satumban 2021

Wani zai ce ai zamani ya wuce faifai, yanzu sauke wasa ake yi ta intanet. Mutanen Zamfara sun ga iyakar wannan maganar da idonsu.

A farkon Satumban 2021, Hukumar Sadarwa ta Ƙasa, NCC, ta umarci kamfanonin waya su rufe layukansu a faɗin jihar, bisa buƙatar gwamnatin Bello Matawalle, domin yaƙi da 'yan bindiga. A daidai lokacin an rufe kasuwannin mako-mako, an kuma hana sayar da fetur a jarka, abin da ya taɓa duk mai dogaro da janareta. An buɗe wa Gusau layi a farkon Oktoba, amma sauran ƙananan hukumomi sai wajen ƙarshen Nuwamba aka sanar da maido musu.

A cikin wannan watan ne, ranar 30 ga Satumba, kamfanin Konami na Japan ya fitar da eFootball 2022, wanda ya gaji PES. Babu faifai, sai dai a sauke ta intanet. A ranar da matasan duniya ke rububin sauke shi, matashin Shinkafi ko kiran waya ba ya iya yi. Wanda ke da wasansa a faifai ko a had-dis, idan ya samu wuta, ya ci gaba da harkarsa. Wanda wasansa ke buƙatar intanet kuwa sai dai ya zuba wa allo ido.

Yadda ake kwafe faifan PS2

Aikin ba shi da wahala kamar yadda ake zato. Kwamfutar da ke da wurin saka DVD tana iya karanta faifan PS2. Da manhaja irin ImgBurn ake ɗauko duk abin da ke cikinsa a mayar da shi fayil guda, wanda ake kira ISO. Faifan DVD na gama-gari yana ɗaukar har gigabait 4.7, mai hawa biyu kuma 8.5. Akwai wasu wasannin PS2 da ke kan CD, ana gane su da shuɗin bayansu.

Inda gizo ke saƙa shi ne wajen kunnawa. Sony ya sa wata alama a jikin faifan asali wadda kwamfuta ba ta iya bugawa, don haka ko an zuba fayil ɗin a sabon faifai, na'urar ba za ta karɓa ba. Masu gyara suna kewaye wannan ne da wata manhaja mai suna Free McBoot da ake sawa a katin memori. Ita ke buɗe wata manhajar, Open PS2 Loader, wadda aka fi sani da OPL, mai jero sunayen wasannin da ke cikin filash ko had-dis a kan allo. Wasu daga cikin siraran PS2 na ƙarshe-ƙarshe ba sa karɓar Free McBoot, don haka a duba lambar samfurin kafin a saya.

Akwai abubuwa biyu da ke yawan ba mutane wahala. Na farko, tsarin FAT32 da aka saba tsara filash da shi ba ya ɗaukar fayil ɗin da ya wuce gigabait 4, sai an daddatsa shi da manhaja irin USBUtil. Na biyu, ƙofar USB ta PS2 tsohon yayi ce, mai tafiyar hawainiya, shi ya sa bidiyon cikin wasa ke sarƙewa. Tsohuwar PS2 mai kauri ta fi daɗin aiki a nan, domin ana iya sa mata had-dis a ciki. Da tsohuwar zuma ake magani.

Abu mafi muhimmanci shi ne lokaci. Faifan da ya riga ya karce ba ya ba da kwafi mai kyau. Wasan zai tashi, sai ana tsakiyar bugawa ya tsaya cak. Ranar da faifai ya shigo hannu da lafiyarsa, ranar ya kamata a kwafe shi.

PS3, PS4 da PS5 ba haka suke ba

Daga PS3 Sony ya koma faifan Blu-ray, mai ɗaukar gigabait 25 ko 50, kuma bayanan a kulle suke. Kwamfuta mai DVD ba ta karanta shi. Yawancin masu zuba wasa a PS3 sai sun sauya manhajar na'urar, abin da ake cewa an fasa ta. Sony bai taɓa amincewa da hakan ba: a Janairun 2011 ya maka wani matashi Ba'amurke, George Hotz, a kotu saboda fasa PS3, kafin su sasanta a Afrilun shekarar. Kuma na'urar da aka fasa, idan ta shiga dandalin kamfanin na intanet, ana iya toshe ta.

PS4 da PS5 kuwa da kansu suke kwafe wasan zuwa ma'adanarsu ta ciki, amma ba za su kunna ba sai faifan yana ciki, a matsayin shaidar mallaka. Wannan ya rage wa ido wahala, sai dai idan faifan ya ɓace ko ya tsage, kwafin da ke ciki ba shi da amfani. A nan abin yi shi ne kula da faifan kansa: a riƙe shi ta gefe, a mayar da shi gidansa, a goge shi da tattausan ƙyalle daga tsakiya zuwa baki, ba a zagaye ba.

Me doka ta ce?

Ba ɓoyayyen abu ba ne cewa yawancin wasannin da ke cikin had-dis ɗin shaguna ba daga faifan mai shagon suka fito ba. Wurin masu turi ake samo su, kamar yadda ake tura fim da waƙa a waya. Da yawansu ma tsohon PES ne da wasu suka sauya wa riguna da sunayen 'yan wasa don ya dace da kakar bana.

Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, wadda Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a Maris ɗin 2023, ta bambanta tsakanin abubuwan nan. Ta ba da dama a kwafi manhajar kwamfuta domin ajiya, ko domin maye gurbin ta asali idan ta ɓace ko ta lalace. Amma ta haramta karya makullin da mai fasaha ya sa wa kayansa, in ban da wasu keɓantattun dalilai, ta kuma tanadi hukunci ga mai kwafa yana sayarwa. Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka ta Najeriya ce ke da alhakin aiwatar da ita.

Saboda haka wanda ya kwafi faifan da ya saya da kuɗinsa, ya ajiye na asalin, matsayinsa daban ne da wanda ya cika had-dis da wasanni yana tura wa mutane suna biya. Mai shago kuma ya sani cewa sassaucin da ake yi wa amfanin kai a gida ba ɗaya ba ne da na wanda ke karɓar kuɗi. Mutanen Arewa ba baƙi ba ne ga wannan batun, domin sun ga yadda satar fasaha da turi suka taimaka wajen durƙusar da kasuwar faifan finafinan Hausa.

Kwafi ɗaya ba ajiya ba ne

Kuskuren da aka fi yi shi ne a tara komai a had-dis guda, a bar shi jone da na'ura dare da rana, a ɗauka an yi ajiya. Had-dis ma yana mutuwa, kuma ba ya sallama. Faɗuwa ɗaya daga kan tebur ko wutar da ta zo da ƙarfi sun isa. Da faifai ne, ɗaya za a rasa. Da had-dis kuwa duka za su tafi lokaci guda.

Masana harkar adana bayanai suna da ƙa'ida mai sauƙi: kwafi uku, a kan ma'adana iri biyu, ɗaya kuma a wani wuri daban. Ga mai shago a Zurmi, hakan na nufin faifan asali a akwati, had-dis ɗin aiki a shago, sai wani kwafin a gida ko wajen ɗan'uwa. A yankin da gobara ko sata ko hari ke iya raba mutum da shagonsa cikin dare ɗaya, wannan na ukun shi ne zai ba shi damar sake farawa.

A kuma kiyayi jabun filash, wanda ake rubuta masa babban mizani alhali cikinsa ƙarami ne. Zai nuna ya karɓi fayil, sai an zo buɗewa a tarar babu komai. Manhajar H2testw tana tona asirinsa. Kada a manta da katin memori na PS2, mai megabait 8 kacal, inda ƙungiyar da samari suka shafe watanni suna ginawa take. Ana iya kwafe shi zuwa filash da manhajar uLaunchELF. Sannan lokaci-lokaci a riƙa gwada kwafin ajiyar, a tabbatar yana tashi.

Ba matsalar Zamfara kaɗai ba ce

Wani bincike da gidauniyar Video Game History Foundation ta Amurka ta fitar a 2023 ya gano cewa kashi 87 cikin 100 na tsofaffin wasannin da aka fitar a ƙasar ba a samun su a kasuwa yanzu. A ƙarshen Maris ɗin 2024 kamfanin Ubisoft na Faransa ya kashe na'urorin da ke riƙe da wasan tseren mota na The Crew, sai ya daina aiki har ga waɗanda suka sayi faifansa, lamarin da ya haifar da gangamin Stop Killing Games a Turai. Shi ma Sony tun 2020 yake sayar da wani samfurin PS5 marar wurin saka faifai, kuma PS5 Pro ta 2024 sai mutum ya sayi abin karanta faifan daban.

Kamfanonin suna tsara kayansu ne don mai wadatacciyar wuta da intanet marar yankewa. Matashin da ke da shago a Ƙauran Namoda ba ya cikin wannan lissafin, kuma babu wanda zai aiko masa da sabon faifai idan nasa ya mutu. Abin da ke hannunsa shi ne ya kwafa tun faifan na da lafiya, ya raba wurin ajiya, ya kuma san iyakar da doka ta gindaya masa. Ajiya, in ji Hausawa, maganin wata rana ce.