Wane Ne Alƙalin Turanci?

Duk malamin da ya daɗe yana karantar da Turanci ya san cewa tambayoyin da ɗalibai ke kawo masa, ko da lafazinsu ya bambanta, galibi asalinsu ɗaya ne: shin colour ne daidai ko color, shin ya halatta a rufe jimla da to ko with, me ya hana a haɗa korewa biyu a zance ɗaya. Mai tambaya yakan zo ne da zaton akwai wata majalisar malamai a Landan da ke ba da fatawa a kan lugga, alhali kuwa babu ita, ba a kuma taɓa kafa ta ba. Faransa ce ke da irinta tun 1635, mai kujeru 40. A 1712 Jonathan Swift ya nemi a kafa wa Ingila tata, amma da Sarauniya Anne ta rasu a 1714 sai maganar ta shiririce.

Da aka rasa hukuma sai ɗaiɗaikun mutane suka ɗauki alƙalami. Samuel Johnson ya fitar da ƙamusunsa a 1755, mai kalmomi sama da 42,000, ya kuma amsa a muƙaddima cewa babu mai iya ɗaure harshe ya hana shi sauyawa. A 1762 Robert Lowth, masanin Ibrananci wanda daga baya ya zama Bishop na Landan, ya wallafa ɗan littafin nahawu, daga gare shi kuma Lindley Murray ya ɗebo da yawa daga abin da ya zuba a nasa na 1795, wanda ya mamaye makarantun Ingila da Amurka shekaru masu yawa.

Wanda ya yi karatun zaure, ya sauke Ajurumiyya har ya kai ga Alfiyyar Ibn Malik, zai fi kowa saurin gane inda gizo ke saƙa, domin malaman Basra da Kufa sun daɗe da rarrabe sama'i, wato abin da aka ji daga bakin masu fasaha, da ƙiyasi, wato auna abin da ba a ji ba da wanda aka ji. To, da yawa daga dokokin da ke firgita ɗalibai ƙiyasi ne da aka yi wa Turanci da Latin, harshen da gininsa daban yake. A 1672 John Dryden ya aibata Ben Jonson saboda ya rufe jimla da ƙananan kalmomi irin su to da with, tun da Latin ba ta yin haka, ko da yake Turawa sun yi ƙarnoni suna yi. Lowth kansa bai haramta ba, iyaka dai ya ce gabatar da kalmar ya fi dacewa da rubutu mai nauyi. Waɗanda suka biyo bayansa ne suka mai da mustahabbi wajibi, har H. W. Fowler ya zo a 1926 ya kira dokar camfi. Haka nan korewa biyu: Chaucer, wanda ya rasu a 1400, yakan jera su don ƙarfafa zance, Shakespeare ma ya yi, sai Lowth ya hukunta cewa ɗaya na rushe ɗaya, kamar dai harshe lissafi ne. Wannan kam ta zauna, yau ba a karɓarta a rubutun hukuma ko na jarrabawa, ɗalibi ya kiyaye, amma ya san al'ada ce ta tabbatar da ita.

Batun color kuwa gajere ne. Noah Webster, da yake yana son Amurka ta tsaya da ƙafarta har a rubutu, ya sa color da center a ƙamusunsa na 1828. Mazhabobi biyu ne ingantattu. Wanda ya kama ɗaya ya bi ta har ƙarshen takardarsa.

Abin da ke damuna shi ne yadda ake ɓata lokacin yara a kan mas'alolin saɓani, a bar waɗanda aka yi ijma'i a kansu, waɗanda kuma su ne ke kayar da mai neman aiki tun daga layin farko na wasiƙarsa. Babu Ba'ingile ko Ba'amurke mai ilimi da zai sa wa information ko furniture ko advice harafin jam'i, ko ya ce discuss about, ko ya bar he go babu ƙarinta. Waɗannan sama'i ne tsantsa, hankali ba ya fitar da su, ba a kuma samun su sai da yawan karatu da naci wajen duba ƙamus.

Shi ma ƙamusun shaida yake tarawa. Babban na Oxford, wanda aka fara fitarwa a 1884 aka kammala a 1928, an gina shi ne da miliyoyin guntayen takardu da masu karatu suka aiko, kowace ɗauke da jimla da sunan littafi da shekara, tamkar riwaya da isnadinta. Da wannan hanya ce a Janairun 2020 aka shigar da kalmomi da ma'anoni 29 na Nijeriya, cikinsu har da okada da danfo da Kannywood da next tomorrow, wato jibi, kowace an bayyana cewa Turancin Nijeriya ce, domin mai rubuta wa mutumin Legas ya yi amfani da ita hankali kwance, mai rubuta wa na Kanada kuma ya san sai ya yi masa bayani.