Daga Jumong Zuwa Maijirgi

A kasuwannin Tasawa da Mayahi, har ƙauyuka irin su Tchaké, fim a katin waya yake yawo yanzu. Mai turi na zaune gaban kwamfutarsa, ka miƙa masa 'yan kuɗi ya cika maka da na Kano, da fassarar Indiya, sannan na Koriya, wanda ya shigo daga baya amma ya samu gindin zama.

Biyu daga cikin na Koriya ne suka share hanya. Dae Jang Geum na 2003, kashi 54, labarin yarinyar da ta fara daga madafin fada ta kai ga zama likitar sarki. Sai Jumong na 2006, kashi 81, ɗan sarkin da ya bar gida ya kafa daular Goguryeo. Bahaushe bai sha wahalar fahimtarsu ba, domin akwai durƙusa wa manya, da kunya tsakanin saurayi da budurwa, da makircin fadawa da kishin matan sarki. Abin da ya fi min daɗi shi ne yawancinsu kana iya kallo da iyayenka ba ka sunkuyar da kai ba.

Masoya kuwa ba su tsaya ga kallo ba. Tun fitowar Squid Game a Netflix a 2021, matasa a ƙasashe da dama suka riƙa sake wasanninsa da waya suna ɗorawa a TikTok. A 2024 Kemi Ikuseedun ta saki fim ɗin My Sunshine a YouTube, inda 'yan wasan Najeriya ke cakuɗa Koriyanci da Turanci da Yarabanci, har kafofin labaran Koriya suka ɗauka.

Kwaikwayo ba baƙo ba ne a wajenmu. Farfesa Abdalla Uba Adamu na Jami'ar Bayero ya daɗe yana nazarin yadda masu fim a Kano suka riƙa wanke finafinan Indiya, su canza musu suna da tufafi. Ban ga laifin koyo ta wannan hanya ba. Damuwata ita ce a ari riga a manta da dabarar ɗinki. Koriyawa tarihinsu suka tono suka yi masa ado, kuma namu yana nan jibge. Ɗan Kasawa, jinin sarautar Katsina da jihadi ya raba da birninsu, ya kafa mulki a Maraɗi. A 1899 Sarauniya Mangu ta tare rundunar Turawan mulkin mallaka ta Voulet da Chanoine a Lugu, kuma a watan Yulin shekarar sojojinsu suka juya musu baya suka kashe su a yankin Maijirgi, ƙasar Tasawa. Med Hondo, ɗan Muritaniya, ya yi fim ɗin Sarauniya a 1986, ya lashe babbar kyautar FESPACO a 1987. Labarin Ɗan Kasawa kaɗai ya isa kashi tamanin, kuma fada da dawakai da maroƙan da za a ɗauka duk suna Maraɗi.