Harshen Hukuma da Harshen Gado a Fim ɗin "Wild River"

Gabatarwa
Manufar wannan maƙala ita ce a duba yadda wani tsohon fim na Amurka ya nuna cewa rikicin madatsar ruwa, tun kafin ya zama rikicin ƙasa, rikici ne na ma'anar kalmomi. Fim ɗin shi ne "Wild River", wanda Elia Kazan ya shirya a shekarar 1960.

Jigon Fim
A shekarar 1933 gwamnatin Amurka ta kafa hukumar raya kwarin Kogin Tenesi, domin ta hana ambaliya ta kuma samar da lantarki. A cikin fim ɗin, hukumar ta turo ma'aikacinta, Chuck Glover, ya tashi wata tsohuwa, Ella Garth, daga tsibirin da ruwan madatsa zai cinye. Ita kuwa ta ce allambaram.

Harsuna Biyu
Duka biyun Turanci suke yi, amma ba su fahimci juna ba. Kalmomin ma'aikacin su ne diyya da ci gaba da amfanin jama'a. Na tsohuwar kuwa gado ne da kushewa. Don ta warware masa ma'anar ciniki, sai ta nuna kamar za ta tilasta wa wani baranta ya sayar mata da karensa. Da ya ƙi, sai ta nuna cewa ciniki ba ya ƙulluwa sai da yardar mai kaya. Ke nan abin da hukuma ta kira saye, a wurinta ƙwace ne. Sai dai fim ɗin bai mayar da ma'aikacin azzalumi ba, domin da hotunan ɓarnar ambaliya aka buɗe shi. Daga ƙarshe an fitar da ita, ba ta kuma daɗe a sabon gidan ba ta rasu.

Kammalawa
Wannan batu ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa. A watan Afrilu na 1980, manoman yankin madatsar Bakolori, kusa da Talatar Mafara, sun yi bore a kan diyya, 'yan sanda suka buɗe musu wuta, aka rasa rayuka. Saboda haka ya kamata manazarta harshe su binciki yadda ake fassara wa talakawa kalmomin hukuma, domin a Hausa kalmar diyya tana ɗauke da ma'anar fansar rai, ba kuɗin gona kaɗai ba.