Sanyin Italiya a Zafin Kano: Semifreddo da Kwakwa

Wanda ya taɓa jiran mota ta cika a tashar Unguwa Uku cikin watan Afrilu ya san darajar sanyi. Rana na dukan rufin mota, zafi ya haura digiri 40, ɗan kamasho yana ta rantsuwar saura mutum biyu. A irin wannan lokaci ne kasuwar masu kula take ci. Ga yarinya da zoɓo da ya daskare a leda, ga yaro da kunun aya a gora, can kuma mai keken Fan Milk yana ta matsa ham. Wani ɗan ƙasar Denmark, Erik Emborg, shi ya kafa wannan kamfani a farkon shekarun 1960, da masana'anta a Ibadan, kuma a akwatin kekunansa ne ɗimbin 'yan Najeriya suka fara sanin aiskirim.

Sayi zoɓon da aiskirim ɗin ka gwada su. Duka daga firiza suka fito, amma zoɓon kamar dutse yake. In ka fasa ledar ka tsotsa, jan da zaƙin su za su fara fita, a bar ka da farar ƙanƙara marar ɗanɗano a hannu. Aiskirim kuwa cokali na shiga shi kamar man shanu. Dalilin wannan bambanci shi ne dukan ilimin abin sanyi, kuma Italiyawa sun fi kowa zurfafa a kansa.

Ruwa in zai daskare, shi kaɗai yake daskarewa. Yakan ture sukari da kala gefe ya haɗa ƙwayoyin ƙanƙara na ruwa zalla, shi ya sa zoɓo yake rabuwa biyu a bakinka. In ƙwayoyin nan manya ne harshe zai ji su kamar tsakuwa, in kuwa ƙanana ne ƙwarai sai ya ji santsi kawai. Saboda haka aikin mai haɗa aiskirim shi ne hana ƙanƙara girma. Sukari yana taimaka masa, domin ruwan da aka narka sukari a ciki ba ya daskarewa a sifili, sai an sauka ƙasa da haka, kuma ko a nan wani kaso na ruwan yakan zauna a narke tsakanin ƙwayoyin. Maiƙon madara yana shiga tsakani ya hana su haɗewa. Sai kuma iska, wadda mutane ba su cika lura da ita ba. Wani aiskirim ɗin masana'anta rabinsa iska ce da inji ya buga a ciki, shi ya sa za ka ɗaga babbar roba ka ji ta sakayau.

Tarihin abin ya biyo ta hannun Musulmi kafin ya kai Turai. Kalmar Italiyanci sorbetto daga sharbat ta Turkawa ta fito, ita kuma daga tushen Larabcin nan na sha, wanda muka sani a sharab. Tsibirin Sisili ya fara shiga hannun Musulmi a shekarar 827, ya kuma zauna a hannunsu fiye da ƙarni biyu, a lokacin ne noman rake da lemon tsami ya kafu a can. Dusar ƙanƙara kuwa daga dutsen Etna aka riƙa sauko da ita a adana a ramuka har bazara. Amma sanyaya abin sha daban, daskarar da shi daban. Daskarewa ta samu ne da aka gane cewa in an zuba gishiri a kan ƙanƙara sanyinta yana ƙaruwa, har ya iya kai digiri 21 ƙasa da sifili. A shekarun 1690 wani mai kula da kicin ɗin manya a Napoli, Antonio Latini, ya buga littafin girki mai ɗauke da yadda ake haɗa sorbetto, har da na madara. Kafin nan, a 1686, wani Basisile mai suna Francesco Procopio ya buɗe shagon Procope a Paris yana sayar da kofi da kayan sanyi, kuma har yau akwai gidan abinci da wannan suna a wurin. Injin hannu na juya aiskirim wata Ba'amurkiya ce, Nancy Johnson, ta yi masa rajista a 1843.

Abin da aka fi sanin Italiya da shi a yau shi ne gelato, ana furta shi jelato. Madararsa ta fi kirim yawa, iskarsa kaɗan ce, kuma ba a bari ya yi sanyin aiskirim kafin a zuba wa mai saye, saboda harshen da sanyi ya kashe ba ya jin ɗanɗano. Sai dai gelato yana son inji mai juya shi yayin da yake daskarewa. Uwargida a Gyaɗi-Gyaɗi ko Tarauni wadda firizarta ke jiran a kawo wuta ba za ta sayi wannan inji ba, kuma ba ta da laifi.

Akwai ƙanensa da ya fi dacewa da mu, semifreddo, wato mai rabin sanyi. Shi ba a juya shi ko kaɗan. Ana cusa masa iskar ne tun kafin ya shiga firiza, ta hanyar buga gwaiduwar ƙwai da sukari har su kumbura, a buga kirim shi ma har ya tashi, a haɗa su, a zuba a gwangwanin burodi a bar shi ya kwana. Washegari a kife shi a faranti a yayyanka kamar kek. Kumfar da ke cikinsa ita ke hana ƙanƙara samun wurin girma, kuma ita ke sa ba a jin sanyinsa yana cizon haƙori, daga nan sunan ya samo asali.

Wani nau'insa da ake yayi shi ne mai kwakwa da amaretto, kuma a nan ne mai karatu Bahaushe zai ja birki. Amaretto giya ce. Garin Saronno da ke kusa da Milan ne ya yi suna da ita, kuma wadda aka fi sani, Disaronno, kashi 28 cikin ɗari nata barasa ce. Sunan yana nufin mai ɗan ɗaci. Ana kiranta giyar almon, 'ya'yan itacen da Larabawa ke ce wa lauz, amma sau da yawa ƙamshin nata daga ƙwallon afirikot yake, wato mishmish. Masu ita suna da tatsuniyarsu, wai wata bazawara mai masauki ce ta fara haɗa ta a 1525 don mai zane Bernardino Luini, wanda ya zo yin zane a cocin garin. Labari ne mai daɗin talla, a bar shi a haka.

Wasu kan ce ai cokali biyu ne kawai, ko kuma ai wuta na ƙone barasa. A semifreddo ba a ma ɗora ta a wuta ba, yadda aka zuba ta haka za a sha ta, kuma ko a girkin da ake dafawa ba duka take fita ba. Wanda zai yi tafiya Turai ya kiyaye wannan suna a jerin abincin otal, tare da giyar rum da ta marsala, waɗanda ake zubawa a kayan zaƙi da dama. Ko ruwan ƙamshin banila da na almon da ake shigo da su a 'yan kwalabe, da yawansu a barasa aka jiƙa su, sai a duba jikin kwalbar, ko a sayi na gari.

Abin tambaya shi ne, wane aiki giyar take yi a ciki? Aiki biyu ne. Na farko ƙamshi. Na biyu laushi, domin barasa zalla ba ta daskarewa sai sanyi ya kai digiri 114 ƙasa da sifili, don haka 'yar kaɗan a cikin haɗin takan hana shi yin tauri. Duka biyun akwai mai yin su a kasuwar Tarauni.

Ƙamshin dai aya ce maganinsa. A harsunan Turai da dama sunanta almon ɗin ƙasa, Italiyawa ma sukan ce mata mandorla di terra, saboda gardinta ya yi kusa da na almon. Mutanen Balensiya a Sifaniya suna yin abin sha da ita mai suna horchata, wanda ɗan'uwan kunun ayarmu ne, har sukan sayi aya daga Afirka ta Yamma, ciki har da Nijar, inda jihar Maraɗi ta shahara da nomanta. In an ɗan soya busasshiyar aya a kasko ba mai kafin a jiƙa ta, gardin yana ƙara fitowa. Gaskiya ba za ta ba da ɗan ɗacin nan na amaretto ba, kuma kada wani ya ce zai fasa ƙwallon mishmish ya nemo shi. Ƙwallon mai ɗaci yana sakin gubar sayanayid, irin wadda ke cikin rogo mai ɗaci da ba a jiƙa ba, kaɗan ya isa ya kwantar da yaro.

Laushin kuwa dabino da zuma ke kawo shi. Zuma da dabino mai taushi sukarinsu gulukos ne da furuktos, waɗanda ƙwayoyinsu sun kai rabin na sukarin rake ƙanƙanta. Cokali guda nasu yana hana ruwa daskarewa kusan ninki biyu na abin da cokalin sukarin shayi zai yi. Ke nan matan Kano da ke markaɗa aya da kwakwa da dabino wuri guda sun daɗe da riƙe haɗin da Ba'italiye ke nema a kwalba, firiza kawai ba su sa shi ba. Ni a ganina ma nasu ya fi cika baki.

Kwakwa ba ta fitowa a Italiya, kamar yadda ba ta fitowa a Kano. Tamu daga kudu ake kawo ta, daga irin su Badagiri, tsofaffi kuma har yanzu sukan ce mata kwakwar Attagara don bambanta ta da kwakwar manja. Daga Unguwa Uku in ka miƙe titin Zariya zuwa 'Yan Lemo a Na'ibawa za ka same ta tuli. Zaɓi mai nauyi, wadda in ka girgiza za ka ji ruwa, idanunta uku a bushe ba fumfuna. A goge guda biyu. Kashi uku cikin huɗu a markaɗa da rabin gwangwanin jiƙaƙƙiyar aya, da dabino shida da aka cire wa ƙwallo, da ruwan ɗumi kaɗan, a tace da ƙyalle mai tsabta har a sami kamar kofi ɗaya mai kauri. Ruwan ɗumi ake so saboda man kwakwa yana daskarewa da zarar ya sauka ƙasa da digiri 24, ruwan sanyi sai ya bar maiƙon a cikin dusa. Kada a cika ruwa, duk ɗigon da aka ƙara ƙanƙara ce gobe. Ragowar kwakwar a soya ta da sukari ta zama kwakumeti. Italiyawa biskit ɗin amaretti suke marmasawa a ciki don haƙori ya sami abin taunawa, kwakumeti zai tsaya a gurbinsa ba tare da kunya ba.

Sai ƙwai. Gwaiduwa huɗu, sukari cokali biyar, zuma cokali biyu, a cikin kwanon silba. A ɗora kwanon a bakin tukunyar da ruwa ke ɓararraka a hankali, gindinsa kada ya taɓa ruwan, a yi ta bugawa da maburgi ko abin buga kek kamar minti takwas zuwa goma. Zai yi fari, ya ninka, ya yi kauri har in ka ɗaga maburgin ya zubo kamar igiya. Wannan mataki ba na tsallakewa ba ne, domin zafin da ya haura digiri 70 shi ke kashe ƙwayoyin cutar da kan zauna a ɗanyen ƙwai, sanyin firiza sumar da su kawai yake yi. In wuta ta yi yawa kuma za ka tashi da wainar ƙwai mai sukari. A sauke, a ci gaba da bugawa har ya huce, sannan a zuba madarar kwakwa da ayar.

Kirim shi ne mai wuyar sha'ani a garinmu. Na ruwa da ake sayarwa a kwali a manyan kantuna sai maiƙonsa ya kai kashi 30 cikin ɗari yake tashi, kuma sai da sanyi, shi da kwanon duka. Masu yin kek sun fi amfani da na gari wanda ake kwaɓawa da ruwan ƙanƙara, ya fi araha, ya fi jure zafi, ko da yake man itatuwa ne ba na saniya ba, kuma da sukarinsa, sai a rage na cikin ƙwan. Kofi ɗaya da rabi ya isa. A buga har ya tsaya a jikin cokali, a tsaya nan. In aka zarce da na saniya zai tsinke ya ware, ka ga man shanu a gefe ruwa a gefe, abin da Bafulatana ke yi da gangan in tana kaɗa nono. A juye kirim ɗin cikin ƙwan kashi-kashi, ana ɗagowa daga ƙasa da ludayi a hankali. Wanda ya tuƙa shi tuƙin tuwo ya kori iskar da ya sha wuyar tarawa. A barbaɗa kwakumeti, a shimfiɗa leda mai tsabta a gwangwanin burodi, a zuba, a rufe.

Yana son awa shida zuwa takwas na sanyi ba yankewa, kuma a nan ne gizo ke saƙar. In wuta ta ɗauke ya narke, aka dawo da ita ya sake daskarewa, kumfar ta faɗi, ƙananan ƙwayoyin ƙanƙara sun haɗe sun zama manya, ga madara da ƙwai sun sha ɗumi, abin da ke kawo ɓacin ciki. Wanda ya narke har ya zama ruwa bai kamata a mayar da shi ba. Mai sola ko janareta ya huta. Wanda ba shi da su sai ya koma ga dabarar zamanin Latini: ya sayi bulon ƙanƙara, ya farfasa a buhu, ya zuba a kula, kowane awo uku ko huɗu na ƙanƙara awo ɗaya na gishiri. A zuba haɗin a ƙananan kofunan silba masu murfi maimakon gwangwani guda, a ɗaure kowanne a leda don kada ruwan gishiri ya shiga, a binne su a ciki, a rufe kular da bargo. In aka sa bayan azahar, aka tsiyaye ruwan aka ƙara ƙanƙara da gishiri da la'asar, kafin a kira magariba ya kama. A fito da shi minti biyar kafin a sha, a tsoma wuƙa ko cokali a ruwan zafi, a fara ba yara nasu tun bai zube ba.