AKWATUNA HUƊU, SUNA ƊAYA

Duk ɗalibin da ya karanta Littafi Mai Tsarki da Turanci ya san kalmar nan "ark". Abin da ke rikita mutane shi ne, a wani shafi jirgi ce, a wani shafi kwando, a wani kuma akwatin zinariya. Saboda haka na ga ya kyautu in rarrabe su ga 'yan'uwana ɗalibai da iyayenmu, don kada a tambayi mutum wannan a jarrabawa ya ba da amsar wancan.

Asalin kalmar daga Latin take, watau "arca", ma'anarta akwati. Amma a harshen Ibrananci, wanda da shi aka rubuta Attaura, kalmomi biyu ne: "teba" da "aron".

Na farko shi ne jirgin Annabi Nuhu, wanda labarinsa ke cikin Littafin Farawa. Tsawonsa kamu 300, faɗinsa kamu 50, tsayinsa kamu 30. Idan muka ɗauki kamu ɗaya a kan ƙafa ɗaya da rabi, tsawon ya kai ƙafa 450, ya zarce filin ƙwallo ke nan. Hawa uku gare shi, an shafe shi da ƙaro ciki da waje. Mutum takwas suka shiga tare da dabbobi, aka yi kwana 40 ana ruwa, daga bisani ya tsaya a kan duwatsun Ararat. Abin lura a nan, ba a ambaci filafilai ko matuƙi ba. Ashe ba jirgin tafiya ba ne, babban akwati ne mai iyo.

Na biyu shi ne kwandon Annabi Musa, a Littafin Fitowa. Sa'ad da Fir'auna ya ba da umarni a hallaka jariran Isra'ilawa maza, uwarsa ta ɓoye shi wata uku. Da ɓoyo ya gagara, sai ta sami kwandon iwa, ta dalaye shi da ƙaro, ta sa yaron ciki, ta ajiye a bakin Kogin Nilu, yayarsa na leƙe daga nesa. A cikin Attaura duka, jirgin Nuhu da kwandon nan kaɗai ake kira "teba". Ɗaya ƙato, ɗaya ɗan mitsitsi, amma aikinsu ɗaya: tsirar da rai daga ruwa, ba tare da hannun mutum yana tuƙi ba.

Na uku, wanda ake kira "aron", shi ne Akwatin Alkawari. Wani gwanin sassaƙa mai suna Bezalel ya yi shi da itace ɗan'uwan bagaruwa. Tsawonsa kamu biyu da rabi, faɗi da tsayi kamu ɗaya da rabi kowanne. An dalaye shi da zinariya ciki da waje, a kan murfinsa akwai siffofin kerubobi biyu masu fukafukai. Ba a taɓa shi da hannu. Sanduna ake zurawa cikin zobba huɗu a ɗauka a kafaɗa. A ciki akwai alluna biyu na dutse masu ɗauke da Dokoki Goma. Wasiƙa ga Ibraniyawa, a Sabon Alkawari, ta ƙara da tulun manna da sandar Haruna.

Wannan akwati ya sha yawo. Da shi aka ƙetare Kogin Urdun, da shi aka kewaye garun Yariko. Filistiyawa sun ƙwace shi a yaƙi, ya yi wata bakwai a hannunsu, suka mayar da shi da kansu don annobar da ta auka musu. Sarki Dawuda ya kai shi Urushalima, Sulemanu kuma ya sa shi a can ƙuryar Haikali. Bayan da mutanen Babila suka rushe birnin wajen shekara ta 586 kafin haihuwar Annabi Isa, ba a sake jin ɗuriyarsa ba. Kiristocin Habasha dai sun ce yana wurinsu, a birnin Aksum, kuma kowace coci tasu tana ajiye wani abu mai wakiltarsa da suke kira "tabot".

Na huɗu yana nan har gobe a kowace majami'ar Yahudawa. Wani kabad ne da ake kira "Aron Kodesh", watau akwati mai tsarki, inda ake ajiye naɗaɗɗun fatun Attaura da aka rubuta da hannu. Yawanci yana jikin bangon da ke fuskantar Urushalima, da labule a gabansa da fitila mai ci kullum. Idan aka buɗe shi, jama'a kan miƙe tsaye don girmamawa.

'Yan'uwanmu Musulmi ba baƙi ba ne ga wannan zance. Alkur'ani ya kira abin da aka saka Annabi Musa ciki "tabut", haka kuma ya kira akwatin da ya zama alamar sarautar Ɗalutu a Suratul Baƙara. Sai dai akwai bambanci: a Littafin Fitowa 'yar Fir'auna ce ta tsinci yaron, a Alkur'ani kuwa matarsa ce ta roƙa a bar shi da rai.

Ni a ganina, abin da ya haɗa akwatunan nan shi ne amana. Biyu sun riƙe rai, biyu sun riƙe doka, kuma darajar kowanne tana ga abin da ke cikinsa. Kwandon iwa ba shi da kuɗin kirki a kasuwa, amma da ya ɓule, da labarin Isra'ilawa ya sha bamban. Mu ma da muke makarantar kwana, iyayenmu sun sa mu a wuri sun koma gida, ba su ganin abin da muke yi. Ya rage namu mu riƙe abin da aka danƙa mana.